Ko kotu za ta iya tsayar da jarrabawar ɗaliban likitanci, ko ta sa wa jami'a rana?

"Assalamu alaikum Barista. Ni malamin firamare ne a wani ƙauye kusa da Gumel, ina kuma taɓa noma. Tun rasuwar mahaifinmu ni nake ɗauke da karatun ƙanwata, yanzu tana ajin ƙarshe a karatun likita. Jarrabawarsu ta fita sau biyu ana ɗaga ta. Yanzu kuma kwatsam an liƙa sanarwa cewa nan da sati uku za a fara, alhali ba su gama zagayen sashen tiyata ba. Ajin ya rabu biyu. Wasu suna tara kuɗi a ɗauki lauya kotu ta dakatar da jarrabawar, wasu sun ce a bar su su rubuta su huta. Ta kira ni tana neman kuɗin karo-karon, ni kuma sai na sayar da riɗin da na ajiye kafin in samu. Shin kotu tana da ikon hana jami'a yin jarrabawa, ko ta tilasta mata wata rana? Kuma in an je, ba za a sa wa yaran ido ba?"

Wa alaikumus salam, Malam. Allah Ya jiƙan mahaifinku, Ya saka maka da alheri kan wannan nauyi da ka ɗauka. Abin da kake son sani shi ne ko alƙali zai iya shiga tsakanin ɗalibai da jami'arsu a kan ranar jarrabawa, kuma in zai iya, ko shigar tasa za ta amfani ƙanwarka har ta cancanci ka taɓa amfanin gonarka. Ikon kam akwai shi. Amma a kan jadawali alƙalai ba sa saurin amfani da shi, kuma in sun yi, sau da yawa ɗaliban ne suke kwana a ciki. Don haka ka dakata da sayar da riɗin tukuna, ka ji dalilaina.

Wa ke da hurumin sa rana

Kowace jami'ar gwamnati doka ce ta kafa ta, kuma dokar ta raba aiki. Kuɗi da dukiya da ɗaukar ma'aikata suna hannun majalisar gudanarwa. Koyarwa da jarrabawa da ba da digiri suna hannun majalisar malamai, wadda ake kira Sanet. Kwalejin likitanci ce take tsara ranaku, ta miƙa, Sanet ta amince. A samansu akwai mai sa ido na ƙoli da doka ta ajiye: shugaban ƙasa a jami'o'in tarayya, gwamna a na jiha.

Kotunanmu sun daɗe suna cewa wa ya ci, wa ya faɗi, wa ya cancanci digiri, maganar cikin gida ce ta jami'a. A 2005 Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a ƙarar da wani ɗalibin digiri na biyu ya kai Jami'ar Aikin Gona ta Makurɗi bayan Sanet ta ƙi amincewa da kundin bincikensa. Kotun ta ƙi shiga, ta bar wa jami'a hukuncinta. A 2006 kuma ta yi watsi da ƙarar wani ɗalibin Jami'ar Ilorin da aka kora kan zargin maguɗin jarrabawa, kuma cikin abin da ya kayar da shi har da garzayawa kotu ba tare da ya jira ƙarshen matakin ɗaukaka koke na cikin jami'ar ba. Duk lauyan jami'a da ya san aikinsa, waɗannan hukunce-hukuncen zai fara ɗagawa a gaban alƙali.

Dalilin alƙalai kuwa ba raini ba ne ga ɗalibi. Alƙali bai san sati nawa ake buƙata kafin yaro ya iya gane ciwon da ke neman tiyata cikin gaggawa ba, kuma ya san bai sani ba. Ranar da kotu ta fara rubuta wa kwalejin likitanci jadawali, ta ɗauki aikin da ba ta da kayan yinsa.

Karatun likita yana da ƙarin mai gida bayan jami'a, wato Majalisar Kula da Likitoci da Likitocin Haƙori ta Najeriya, MDCN. Ita take tantance makarantu, ta ƙayyade wa kowacce adadin ɗaliban da za ta ɗauka, ta shimfiɗa mafi ƙarancin horon da za a yi, kuma ita take yi wa wanda ya gama rajistar wucin gadi kafin ya shiga shekarar horon asibiti. Jami'a ce take ba da digiri, amma lasisin taɓa mara lafiya na MDCN ne. Ka riƙe wannan, domin a ganina nan ne ƙarfin su ƙanwarka yake, ba a kotu ba.

Inda kotu take shiga ba ta jin nauyi

Kada a ɗauka jami'a ta fi ƙarfin doka. Sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi kafin a yanke masa hukunci, kuma ƙofar jami'a ba ta tare wannan haƙƙi. Tun kafin wannan kundin ma, a 1986, Kotun Ƙoli ta soke korar ɗaliban Jami'ar Maiduguri da aka sallama bayan tarzomar 1983, saboda ba a yi musu adalcin sauraro ba. A 2014 ta sake nuna iyakar jami'a a shari'ar wata ɗaliba da Jami'ar Ilorin ta riƙe wa sakamako shekara da shekaru. Kotun ta bambanta abu biyu: ba da digiri hurumin jami'a ne, amma ɗalibin da ya zauna jarrabawa yana da haƙƙin ya san sakamakonsa, kuma kotu za ta iya tilasta a sake shi.

In ka haɗa waɗannan za ka ga inda layin yake. Kotu ba ta tambayar ko shawarar da jami'a ta yanke ita ce mafi kyau. Tana tambayar ko wanda ya yanke yana da ikon yankewa, ko an bi ƙa'idar da jami'ar ta rubuta da hannunta, ko an saurari wanda abin ya shafa, ko akwai mugun nufi. "Sati uku ya yi mana kaɗan" koke ne, ba hujjar shari'a ba. Amma in kundin ƙa'idojin kwalejin ya ce ba a shiga jarrabawar fita sai an kammala makonni kaza a kowane sashe, ko ya ce sai an ba da sanarwar makonni kaza, ko kuma ya zamana wani jami'i ne ya sa ranar shi kaɗai ba tare da amincewar Sanet ba, to magana ta canza. Yanzu ba alƙali ake roƙo ya zama malamin likitanci ba. Ana roƙonsa ya ce wa jami'a ta bi dokarta, kuma wannan aikinsa ne.

Wace kotu ma za a je, wannan kaɗai ya kashe ƙararraki da yawa. In jami'ar ta tarayya ce, kamar Jami'ar Bayero ko Jami'ar Tarayya ta Dutse, sashe na 251 na Kundin Tsarin Mulki ya kai irin wannan ƙara Babbar Kotun Tarayya, kuma tana da zama a Kano da Dutse. In ta jiha ce ko mai zaman kanta, Babbar Kotun Jiha ce. Ba maganar kotun majistare ba ce, ba kuma ta kotun shari'ar Musulunci da ke kusa da ku ba. Sannan akwai dokar kare jami'an gwamnati da ta ba da wata uku kacal a shigar da ƙara daga ranar da aka yi abin da ake ƙorafi a kai, kuma dokokin wasu hukumomi suna neman a aika musu takardar gargaɗi kafin a kai su kotu. Wanda ya tsallake ɗaya daga ciki, lauyan jami'a zai tashi ya ce kotu ba ta da hurumi, a shafe watanni ana wannan gardamar ba a taɓa ainihin maganar ba.

Odar dakatarwa da abin da take jawowa

Abin da 'yan ajin suke nema shi ne umarnin wucin gadi da zai tsayar da jarrabawa kafin a saurari ƙarar. Mutane suna ɗauka lauya ne zai shiga ofishin alƙali da safe ya fito da takarda da rana. Tun hukuncin shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989 Kotun Ƙoli ta ƙuntata ba da oda a bayan idon ɗaya ɓangaren. Sai an nuna gaggawa ta gaske, ba wadda mai ƙara ya jawo wa kansa da jinkiri ba. Tambayar farko da na saba ji daga bakin alƙali a irin wannan zama ita ce, yaushe kuka san da ranar, me kuka yi tun daga lokacin? In an shafe sati biyu ana tara karo-karo sannan aka zo ana saura kwana uku, da wuya a samu. Mafi yawa alƙali zai ce a kai wa jami'a sammaci ta zo ta yi bayani. In kuma abin ya faɗo cikin dogon hutun kotu na damina, alƙalan da ke zaman hutu kaɗan ne, aiki ya yi musu yawa.

Bayan gaggawa, alƙali zai auna wa zai fi cutuwa, in an tsayar ko in an bari. A nan rabuwar ajin za ta yi wa masu ƙara illa babba. Waɗanda suke son a yi jarrabawa su ma suna da haƙƙi, suna iya ɗaukar nasu lauyan su nemi a sa su cikin shari'ar. Akwai wanda shekarunsa suke gab da 30, in ya haura kafin ya gama ba zai je hidimar ƙasa ba, sai dai a ba shi takardar yafewa. Akwai wadda aka sa wa ranar aure bayan jarrabawa. Akwai wanda kuɗin hayarsa ya ƙare. Ga kuma ajin da ke bayansu yana jiran su fita kafin ya samu wuri a ɗakunan marasa lafiya. Alƙali zai ga duk waɗannan. Kuma ana neman mai ƙara ya yi alkawarin biyan diyya in daga baya ta bayyana bai cancanci odar ba, abin da ba kasafai ake gaya wa ɗalibai ba lokacin da ake karɓar kuɗinsu.

To a ce ma an samu odar. Nan ne nake son ka fi natsuwa. Jarrabawar fita ta likitanci ba takarda da biro kaɗai ba ce da za a ce a dawo Litinin mai zuwa. Akwai ɓangaren asibiti. Ana zaɓo marasa lafiya masu alamomin da ake son ɗalibi ya gano, a roƙe su, wasu a kwantar da su musamman saboda ranar. Ana jera tashoshi, kowace da malami riƙe da takardar maki, a kaɗa ƙararrawa ɗalibi ya matsa gaba: nan ya duba ciki, can ya karanta hoton ƙirji, can ya yi wa mai jinya bayani. Ana gayyato manyan malamai daga wasu jami'o'i su zo su sa ido, kuma kowannensu yana da asibitinsa da ɗalibansa, da kyar ya ware waɗannan kwanakin. Kai manomi ne, ka san gayya. In ka sa rana, ka gaya wa mutane, an dafa abinci, sannan da asuba aka ce an fasa, ba gobe za ka sake tara su ba. Odar da aka nema don a sami ƙarin sati huɗu tana iya zama jinkirin wata huɗu, domin da zarar magana tana gaban kotu, jami'a takan naɗe hannu ta ce ba za ta sa sabuwar rana ba sai an gama shari'a. Shari'a kuwa tana da ɗage-ɗagenta, tana da ɗaukaka ƙara.

Kada kuma a manta dalilin da ya sa kwalejoji suke wannan gaggawar. Yajin aikin ƙungiyar malaman jami'o'i, ASUU, na 2020 ya ci kusan wata tara, ga kullen korona a kai. Na 2022 ya fara 14 ga Fabrairu bai ƙare ba sai 14 ga Oktoba, bayan Kotun Ma'aikata ta ba da umarnin komawa aiki a watan Satumba. Kowane yajin likitoci ma yana tsayar da koyarwa a asibiti ko da jami'a tana buɗe. Azuzuwa sun taru a kan juna, karatun shekara shida ya koma bakwai ko takwas. Wannan bai halatta a yanke wa ɗalibai horo ba, amma shi lauyan jami'a zai shimfiɗa wa alƙali, kuma alƙali zai saurare shi.

Zagayen tiyatar da ba a gama ba

Duk da abin da na faɗa, ban ɗauki koken yaran nan da wasa ba, kuma ina ganin masu cewa a rubuta a huta ba su duba abin da kyau ba. In da gaske ba a kammala zagayen tiyata ba, matsalar ta wuce faɗuwa jarrabawa. Kowane ɗalibi yana da littafin da malamai suke sa masa hannu: ya ga aiki kaza, ya taimaka a kaza, ya yi ɗinki, ya sa robar fitsari, ya kwana a sashen gaggawa. Shafukan da ba a cike ba, ilimi ne da ba a samu ba. Ƙanwarka in Allah Ya yarda wata rana ita za a tarar da dare a babban asibitin Gumel ko Haɗeja ko Ringim, an kawo mai naƙuda da ta galabaita ko yaron da hanjinsa ya huje saboda taifod, babu wani babba kusa. Mu da muka fito daga karkara mun san abin da ake nufi da a ce likita ɗaya ne a gari. Ba na son a fitar da ita da saura.

Shi ya sa nake cewa hujjarsu mai ƙarfi ce, amma wurin da za ta fi cizo ba kotu ba ne. Shugaban kwalejin likitanci ya fi jin tsoron a ce makarantarsa ta gabatar da ɗaliban da ba su cika sharuɗɗan MDCN ba fiye da tsoron sammaci, domin abin da yake taɓawa shi ne amincewar da aka yi wa makarantar gaba ɗaya. Takarda mai ladabi da ta ce, ga abin da kundinku ya tanada, ga makonnin da muka yi, ga waɗanda suka rage, muna roƙon a cike su ko a matsa da ɓangaren tiyata zuwa ƙarshe, ta fi odar kotu saurin aiki. Sau da yawa ana samun tsaka-tsaki: a fara da rubutacciyar jarrabawa a ranar da aka sa, a jinkirta ta asibiti har a kammala zagayen.

Akwai lokacin da ni da kaina nake cewa a tafi kotu ba a jira ba, kuma yawanci shi ne in an ware mutum ɗaya an zalunce shi. Na taɓa riƙe maganar wata ɗaliba a wata jami'a da aka cire sunanta daga jerin masu shiga jarrabawa, wai ba ta cika adadin halartar darasi ba. Haihuwa ta yi, kuma ta rubuta takardar neman izini tun kafin lokacin, an buga mata hatimin karɓa. Babu wanda ya kira ta ya ji ta bakinta. Mijinta ya zo ofis da kwafin takardar a cikin leda, duk ta yi laushi saboda ninkewa, amma hatimin da kwanan watan suna nan raɗau. Ba mu nemi a tsayar da jarrabawar kowa ba. Mun roƙi a bar ta ta zauna tare da 'yan ajinta, a riƙe sakamakonta har a gama shari'a. Irin wannan roƙo alƙali yana jin daɗin amsa shi, domin in an bar ta babu wanda ya yi asara, in an hana ta kuwa ta rasa shekara. Da aka kai wa jami'ar sammaci, lauyanta ya ga hatimin, maganar ba ta yi nisa ba aka daidaita. Abin da ya cece ta shi ne takardar nan da kuma ƙanƙantar abin da muka nema.

In ƙanwata ce

Zan ce mata yau ɗin nan ta nemo kundin ƙa'idojin kwalejinsu, ta karanta sashen jarrabawar fita da idonta, kada ta dogara da abin da ake yaɗawa a WhatsApp na aji. Ta ɗauki hoton sanarwar da aka liƙa da ta ɗagawar da aka yi a baya, da jadawalin zagayensu, da shafukan littafin sa hannunta. Wakilan aji, tare da ƙungiyar ɗaliban likitanci ta makarantar, su rubuta wa shugaban kwaleji ta hannun shugaban tsangaya, su aika kwafi ga magatakardar jami'a, a buga musu hatimin karɓa a nasu kwafin. Su nemi amsa cikin 'yan kwanaki, tunda lokaci ya ƙure. Su sami wani babban malami da yara suke jin nauyinsa, shugabanni ma suke jin nauyinsa, ya shiga tsakani. In an yi shiru, su rubuta wa MDCN. Akwai kuma Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, tana da ofis a kowace jiha kuma ba a biyan ko kwabo, sai dai ba ta taɓa maganar da take gaban kotu, don haka ita ake fara zuwa. Duk wannan ba ya buƙatar riɗinka, kuma ko daga baya an je kotu, waɗannan takardun ne za su nuna wa alƙali cewa an bi matakan cikin gida.

In har aka kai ga ɗaukar lauya, kafin ka ba da kuɗi ta tambayo maka: wane sashe na ƙa'ida aka karya, wace kotu za a je, me takamaimai za a roƙa, sunayen su wa za a rubuta a matsayin masu ƙara, kuma kuɗin da ake tarawa na neman oda ne kawai ko har ƙarshen shari'a. Lauyan da ya ce tabbas zai samo oda, a yi hattara da shi, domin babu mai wannan tabbacin. Kuma komai ake ciki kada ta daina karatu, kada ta ƙaurace wa jarrabawa don an shigar da ƙara. Shigar da ƙara ba oda ba ce. Muddin ba a ba da umarni an kai wa jami'a ba, ranar tana nan, kuma wanda bai zo ba za a rubuta masa bai zo ba. In aka riga aka yi jarrabawar, kotu ba ta dakatar da abin da ya wuce.

Maganar sa ido kuwa, ba zan ce maka tsoron banza ba ne. A doka babu mai ikon hukunta ɗalibi don ya nemi haƙƙinsa a kotu, kuma zuwan malaman waje da yawan masu ba da maki kariya ce ta gaske. Mafi yawan malaman da na sani ba za su kayar da yaro don ya yi ƙara ba. Amma jarrabawar baka da ta gefen gado suna da wurin da ra'ayin malami yake shiga, kuma tabbatar da ramuwar gayya a gaban alƙali abu ne mai wuya ƙwarai. Shi ya sa na fi son koke ya fito da sunan aji ko ƙungiya, da harshe mai girmama malamai, ba tare da zagi a Facebook ba.

Ni lauya ne, ba malamin likitanci ba, kuma ban ga kundin makarantarsu ko sanarwar ba. Jimla ɗaya a cikin kundin tana iya sauya shawarata, musamman in ya fito ƙarara cewa kammala zagayen sharaɗi ne na shiga jarrabawa kuma kwalejin ta ƙi saurara bayan an rubuta mata. A wannan halin zan goyi bayan a je kotu, amma a roƙi a tilasta bin wannan sharaɗin a ɓangaren tiyata kaɗai, ba a rushe jarrabawar gaba ɗaya ba. Ta kai takardun wurin lauyan da ya saba da shari'ar hukumomin gwamnati a Kano ko Dutse cikin wannan satin, ya duba su kafin a karɓi kuɗin kowa. Allah Ya ba ta sa'a, Ya sa al'umma ta amfana da ita.